Yadda za ka karanta tatsuniyoyin Naskapi a littafi har ka ji muryar tsohon da ya bayar da su

Akwai wani dattijo mai suna John Peastitute, maharbi ne ɗan ƙabilar Naskapi can arewacin lardin Kebek a ƙasar Kanada, an haife shi a 1896 ya rasu a 1981. A shekarun 1967 da 1968 wani mai bincike da ake kira Serge Melançon ya je ya zauna gabansa da rikoda, tsohon nan ya yi ta zuba labarai da harshensa, wasu na dabbobi masu magana, wasu na yunwa da farauta da tafiye-tafiyen da aka yi da gaske. Aka ajiye faifan shekara da shekaru, sai daga 2013 aka fara fito da su littafi bayan littafi. To ni dai waɗannan littattafai sun shiga raina sosai, kuma na lura mutum zai iya ɗaukar ɗaya ya karanta shafi goma ya ajiye ya ce ba kan gado, alhali matsalar daga yadda ya shiga ne. Abin da ke hannunka magana ce ta baki da aka kwantar a takarda, in ka karanta ta kamar yadda kake karanta littafin da marubuci ya zauna ya tsara a kan tebur wallahi rabin daɗin ya wuce ka. Shi ya sa na ce bari in rubuta yadda ni nake bi.

Kafin ka buɗe littafin ma, fara sanin su waye mutanen. Naskapi ba su da yawa, mutum dubu ɗaya da 'yan ɗaruruwa ne, yawancinsu suna zaune a ƙauyen Kawawachikamach, kilomita kamar 15 daga garin Schefferville, dab da iyakar Kebek da Labrador. Harshensu daga dangin harsunan Algonkiyan yake, ɗan uwan harshen maƙwabtansu Cree da Innu ne na kusa-kusa. Asalinsu mutane ne masu yawo suna bin karibu, wata dabba ce dangin barewa amma ta fi ta girma nesa ba kusa ba, mai ƙahoni masu rassa, tana tafiya garke-garke a ƙasar ƙanƙara. Namanta abinci, fatarta riga da tanti da takalmi, ƙashinta kayan aiki, ɓargonta kuwa abin girmamawa. Da kamfanin Hudson's Bay ya kafa sansanin cinikin fatu a Fort Chimo wajen 1830, wurin da yanzu ake kira Kuujjuaq, sai rayuwarsu ta fara ɗaurewa da inda kamfani ya buɗe shago da inda ya rufe, aka yi ta jansu daga wannan sansani zuwa wancan. A hunturun 1892 zuwa 1893 karibu ba su biyo hanyar da suka saba ba, yunwa ta kashe mutane da yawa. A 1956 suka taso daga Fort Chimo suka gangaro kudu zuwa Schefferville inda ake haƙar ma'adinin ƙarfe, tafiyar ɗaruruwan kilomita, da yawa suka iso a jigace, daga baya aka zaunar da su a bakin tafkin John Lake cikin 'yan bukkoki ba ruwan famfo ba lantarki. A nan wurin aka ɗauki muryar Peastitute. Ka riƙe wannan a ranka da kyau, mutumin da ke ba ka labarin daji shekara goma sha ɗaya ke nan da rabuwarsa da ƙasar da ya girma a cikinta, yana zaune a gefen garin ma'adinai yana tuno ta. Daga baya ne suka sa hannu a yarjejeniya da gwamnati a 1978, suka gina Kawawachikamach a farkon shekarun 1980.

Sai abu na biyu, kuma nan ne mutane ke yawan zamewa. Ba duk littafin da ka ga an rubuta Naskapi a bangonsa ne yake magana kan mutanen Kawawachikamach ba. Turawa sun daɗe suna amfani da sunan nan sakaka, duk maharban cikin daji na yankin Labrador da suke ganin ba su karɓi zaman gari ba sai su ce musu Naskapi. Littafin Frank Speck na 1935 shi ne ya fi shahara, sunansa ma Naskapi, amma abu mai yawa a ciki ya samo shi ne daga mutanen kudu, irin na Lac Saint-Jean da Mistassini, kuma a cikin sunan littafin ma akwai kalmar da ke nufin marasa wayewa, ka ga irin idon da aka kalle su da shi a zamanin. Ban ce kar ka karanta shi ba, akwai ilimi a ciki mai yawa kan mafarki da ganga da yadda ake girmama dabba, amma ka san da wa kake zance. Haka littafin Georg Henriksen na 1973, mutanen da ya kira Naskapi su ne na Davis Inlet a gaɓar Labrador, waɗanda yau ake kira Mushuau Innu suna zaune a Natuashish. 'Yan uwa ne na jini da harshe, labaransu na kama da juna ƙwarai, amma al'umma ce daban. Wanda ya zauna a Fort Chimo kansa tun da wuri shi ne Lucien Turner, daga 1882 zuwa 1884, rahotonsa ya fito a 1894 kuma akwai tatsuniyoyi a ƙarshensa, sai dai a taƙaice ya rubuta su da Turancinsa, muryar mai bayarwa ba ta fito ba.

Don haka duk littafin da ya shigo hannunka ka yi masa tambaya huɗu tun daga shafin farko. Wa ya ba da labarin, an faɗi sunansa ko an ce kawai wani tsoho? A ina kuma yaushe? Da wane harshe aka ɗauka, akwai asalin rubutun a ciki ko fassara ce zalla? Sannan wa ya buga? Littattafan Peastitute sun amsa duk huɗun, shi ya sa nake cewa a fara da su. Hukumar raya al'ummar ce da kanta ta buga, Naskapi Development Corporation, masu harshen suka zauna suka saurari faifan suka rubuta, Silas Nabinicaboo na cikinsu, tare da masana harshe irin su Marguerite MacKenzie da Julie Brittain da Bill Jancewicz. Na farko shi ne Kuihkwahchaw, labaran wata dabba mayaudariya, a 2013, sai Chahkapas, labarin wani yaro jarumi, a 2014, sai na Achan, ƙattin da ke cin mutane, da sauransu suka biyo baya.

Yanzu ka buɗe. Abin da za ka fara gani wasu alamomi ne kamar 'yan kusurwoyi da ƙugiyoyi, kar ka tsallake su da sauri ka ce ba ruwanka. Rubutunsu ke nan, kusan kowace alama gaɓa guda ce, wato baƙi da wasali a haɗe, kuma inda alamar ta fuskanta shi ke gaya maka wasalin, in ta juya nan ta zama pi in ta juya can ta zama pa ko pu. Asalin tsarin an fito da shi ne wajen 1840 don harshen Cree, ya bazu hannu da hannu har ya iso wajensu. Ka ba shi yamma biyu ko uku da takarda da biro za ka iya gane sunayen taurarin labarin a cikin shafi, kuma da zarar ka iya wannan sai ka fara ganin wani abu da fassara ke ɓoyewa, misali sau nawa tsohon ya maimaita kalma ɗaya a jere. Akwai ƙamus na Naskapi da Turanci da Faransanci da ya fito a 1994, in ka samu hanyar duba shi zai taimake ka.

Abu na gaba shi ne ka gane wane irin labari kake karantawa, don su da kansu sun raba gida biyu. Akwai atiyuhkin, labaran can da can, lokacin da mutum da dabba ke magana da juna har su yi aure, lokacin da duniya ba ta gama zama yadda take ba. Akwai kuma tipachimun, wato labarin abin da mai faɗa ya gani ko ya ji daga wanda ya gani, guguwar ƙanƙara da ta rutsa da mutane, farautar da aka yi, shekarar yunwa. Kuskuren da za ka iya yi shi ne ka ce na farko ƙarya ce ta nishaɗi na biyu kuma gaskiya, su ba haka suka raba ba. Atiyuhkin a wajensu abu ne mai nauyi da ake gadonsa baki da baki, yana bayanin yadda aka yi abubuwa suka zama haka, kuma a cikin tipachimun ma za ka ci karo da mafarkin da ya nuna wa maharbi inda nama yake ko wani abu da ya zo wa mutane da dare, mai faɗa kuma yana faɗarsa ne a matsayin abin da ya faru. Ba sai ka yarda da aƙidarsu ba kafin ka fahimce su, amma ka bar kowane labari a gidan da masu shi suka ajiye shi.

To sai babban abin, karanta da murya. Na rantse wannan shi ne ya canja min komai. Karon farko da ido kawai na bi labarin Chahkapas, na ga ana ta maimaita abu ɗaya, ya ce, ta ce, ya sake cewa, sai na ji kamar labarin ba ya tafiya. Daga baya na zauna da dare na rufe ƙofa na karanta a bayyane a hankali, ina tsayawa inda numfashi ya ƙare, sai ga shi maimaicin nan ashe shi ne ƙashin bayan labarin. Bari in nuna maka. Chahkapas yaro ne da wani ƙaton dodo mai suna Kachituskw ya kashe iyayensa tun yana ciki, yayarsa ce ta tsamo shi ta raine shi, ya girma da ƙarfi na ban mamaki. Kusan kowane sashe iri ɗaya yake farawa. Ya dawo daga yawo ya ce wa yayarsa ya ji wani motsi a wuri kaza, ita kuma ta ce kar ka kuskura ka je can, masu kashe mutane ne, ta ba shi labarinsu. Shi kuma ya nuna mata ta tsorata shi, ba zai je ba. Gari na wayewa ya kama hanya kamar zai yi wani gefen, yana ɓacewa daga idonta ya karkata ya miƙe can ɗin da aka hana shi. A takarda karo na uku sai ka ƙosa. A baki kuwa karo na uku ne mai sauraro ke fara murmushi tun kafin a kai wurin, yara na jiran ya faɗi maganar nan tasa, kowa ya san ƙarya yake yi wa yayarsa kuma kowa na son ya ji ya sake yi. Tsohon ya san da haka, da gangan yake ja.

Kuma ka kula da yayar nan, kar hankalinka ya tafi kan jarumi kaɗai. Ita ce ta san sunan kowane haɗari, ita ce lokacin da ƙaton kifi ya haɗiye shi ta jefa ƙugiya ta kamo kifin ta farka cikinsa ta fito da ƙaninta. Ni a ganina rabin labarin nata ne.

Na Kuihkwahchaw kuma wani salo ne daban. Shi dabba ne da Turawa ke kira wulbarin, girmansa bai wuce matsakaicin kare ba amma ga ƙarfi ga ɓarna, yana bin tarkon maharba yana cinye abin da suka kama, yana fasa ma'ajiyar abincinsu. Ka ga ke nan duk maharbin da ke sauraro yana da tsohuwar jiƙaƙƙa da shi tun kafin a fara. A labari mayaudari ne mai haɗama, wayonsa ke ba shi abinci kuma wayon nan ke jefa shi a wahala. Akwai wanda ya tara tsuntsayen ruwa ya ce zai yi musu waƙa su yi rawa amma kowa ya rufe ido, suna rawa yana bi yana murɗe musu wuya ɗaya bayan ɗaya, har wani ya ɗan buɗe ido ya yi kururuwa sauran suka tsere. A ruwayoyi da dama ya binne naman a toka mai zafi ya kwanta barci, ya bar wa ɗuwawunsa gadi, mutane suka zo suka kwashe naman suka bar masa ƙafafu a tsaye, ya tashi cikin fushi ya hukunta mai gadin da wuta, wato ya ƙona kansa da kansa. Eh, akwai maganganu irin waɗannan a ciki, na jiki da na ban dariya ƙarara, wasu tsofaffin masu rubutu sun riƙa gogewa ko su lulluɓe su. In ka ga littafin da komai a cikinsa tsaf-tsaf ne ba ko ɗaya irin wannan, to ka yi zargin an tace. Kuma don Allah kar ka yi saurin sa masa rigar wani gwanin wayo da ka sani a wasu tatsuniyoyin ka ce ai shi ne, za ka ga kama, amma wannan a wasu ruwayoyin har da hannunsa a sake shimfiɗa ƙasa bayan ruwa ya mamaye duniya, matsayinsa ya wuce na ɗan wasa.

Wani wuri da ke rikita mai karatu shi ne wa ya yi wa wa. Za ka ga jimla kamar ya bi shi ya kama shi ya jefar da shi, ka rasa waye waye. A harshensu ba a rikicewa, don nahawunsu na da wata dabara, in mutum biyu na cikin zance ɗaya ne ke tsakiyar fage, ɗayan kuma ana sa masa alama a suna da aikatau da ke nuna shi na gefe ne. Mai ba da labari na iya sauya wanda ke tsakiya kamar yadda mai kyamara ke juya ta daga fuskar wannan zuwa ta wancan. Fassara ba ta da wannan, shi ya sa masu fassara ke cusa sunaye inda asali babu. Abin da nake yi, ina riƙe fensir, duk inda na ɓace sai in koma baya layi biyar in rubuta harafin farko na sunan kowa a saman kowane shi da ita. Yana cin lokaci amma sau ɗaya za ka yi wa labari.

Kar ka tsallake bayanan da ke ƙarshen littafi ko ƙasan shafi, ko da kana ganin na malamai ne. A nan za ka gane abin da mai sauraro na asali ya riga ya sani ba sai an gaya masa ba. Misali in labari ya ce wani ya bar ƙashin karibu a ƙasa karnuka suka ci, kai za ka wuce, su kuwa gabansu ne zai faɗi, don a fahimtarsu dabbobi na da ubangida mai kula da su, shi ke sakin su ga maharbin da ya girmama su ya kuma hana wanda ya wulaƙanta. Akwai walimar da suke yi inda ake daka dogayen ƙasusuwan karibu a dafa a fitar da man ɓargo a ci cikin natsuwa, ba a barin ko ɗigo ya zube a banza. Akwai ɗora allon kafaɗar karibu a kan garwashi a duba tsagewar da ƙunar don neman inda garke yake. Akwai labarin mutumin da ya bi karibu ya auri ɗaya daga cikinsu ya zauna tare da su. Haka labaran Achan, ƙattin nan masu cin mutane, in ka tuna cewa masu sauraro jikokin waɗanda suka ga yunwar 1893 ne, sai ka ji tsoron da ke ciki ya sauka a wani wuri daban a ƙirjinka. Kuma abin da ke sa ni shiru idan na zo nan, garken karibu na kogin George da rayuwarsu ta dogara a kai ya kai kusan 800,000 a farkon shekarun 1990, amma zuwa 2018 ya dawo ƙasa da 10,000. Yaron da ke karanta littafin nan a makarantar Kawawachikamach yau yana iya jin labarin garken da ke ɗaukar kwanaki yana ƙetare kogi alhali shi bai taɓa ganin irinsa ba.

In ka gama ruwaya ɗaya, nemi ta biyu ka jera su. Chahkapas ɗin nan shi ne Innu ke kira Tshakapesh, Cree ma na da shi, kuma Rémi Savard, malamin da aikin ɗaukar muryar Peastitute ya gudana a ƙarƙashinsa, ya yi rubutu mai yawa da Faransanci kan ruwayoyin Innu. Za ka ga wani ya sa sashen kifi a farko wani a tsakiya, wani ya tsawaita faɗa da dodo wani ya wuce shi da jimla uku. Kar ka tsaya neman wacce ce ta asali, kowane mai faɗa da inda yake jin daɗin tsayawa, kuma ta nan ne za ka fara gane halin shi Peastitute kansa, abin da ke ba shi dariya da abin da yake saurin wucewa.

Na ƙarshe shi ne in kana so ka ba wani labarin, 'ya'yanka ko ɗalibanka. Ka bayar, amma ka fara da faɗin na wa ne, ka ce wannan na mutanen Naskapi ne, John Peastitute ne ya faɗe shi a John Lake. Kar ka canja sunaye, kar ka mayar da karibu wata dabbar da ka fi sabawa da ita, gara ka tsaya ka kwatanta musu ita. Kar ka kwafe littafin ka watsa ko ka buga da sunanka, masu shi na nan da ransu kuma don 'ya'yansu suka yi wahalar fito da shi, in da hali ka saya daga hannunsu. Sannan ka daure kar ka liƙa masa darasi a wutsiya, su ba sa rufewa da cewa abin da labarin ke koya mana shi ne kaza, suna tsayawa ne inda ya tsaya.

Ni da na ba yara na zaɓi sashen tarko. Chahkapas ya hau wata bishiya yana hura mata iska tana ƙara tsawo har ya kai wata ƙasa a sama, ya ga wata hanya da wani abu ke bi kullum, ya ɗana zarge a kai. Washegari gari ya ƙi wayewa. Ya je ya tarar ashe rana ce ta faɗa tarkon tana ta fizge-fizge, zafi ya hana shi matsawa. Ya riƙa jefa ƙananan dabbobi su je su cinye igiyar, wannan ya ƙone wancan ya kasa, har aka zo kan 'yar mitsitsiyar cikinsu, wasu ruwayoyin su ce ɓera wasu su ce jaɓa, ita ce ta daure ta gutsure igiyar rana ta tashi. Da na kai nan na yi shiru kamar yadda littafin ya yi. Ƙaramar cikinsu ta tambaye ni to shi Chahkapas ɗin ina ya tafi, na ce mata mutanen Naskapi sun ce yana cikin wata, sai duk suka tashi suka yi waje suna leƙen sama.